Wa ya fara ɗaukar hoton gawa a fagen yaƙi, kuma me ya sa ba a jin sunansa?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ni ɗaliba ce mai karantar aikin jarida. An koya mana cewa Roger Fenton ne mai ɗaukar hoton yaƙi na farko, a Yaƙin Kirimiya. Na nemo hotunansa na duba, sai na ga hafsoshi a ƙofar tanti, ga dawaki, ga igwa, amma babu gawa, babu mai rauni. To wa ya fara nuna yaƙi da ɓarnarsa, kuma me ya sa ba a kawo sunansa a aji?

Amsa: Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Malama, idonki ya gani daidai. Mutumin da kike nema sunansa Felice Beato, haifaffen Venice ta ƙasar Italiya a wajen 1832, wanda ya tashi a tsibirin Corfu lokacin yana ƙarƙashin kariyar Ingila. Shi ne ya ɗauki hoton ƙasusuwan waɗanda aka kashe a Lucknow ta Indiya a 1858, shi ne kuma ya ɗauki gawarwakin sojojin Sin kwance a inda suka faɗi a ganuwar Taku a 1860. Amma kafin mu je kansa, bari mu gyara batun "na farko" ɗin nan.

Fenton ba shi ne ya fara ba. Akwai hotunan sojojin Amurka a garin Saltillo na Meziko tun 1847, waɗanda har yau ba a san wanda ya ɗauke su ba. Akwai John McCosh, likitan soja a rundunar Ingila ta Indiya, da ya ɗauki hotuna a yaƙinsu da mutanen Sikh na Punjab a 1848 zuwa 1849, ya sake ɗauka a yaƙin Bama na 1852. A Yaƙin Kirimiya kansa ma, wani mai zane mazaunin Bucharest, Carol Szathmari, ya riga Fenton da shekara guda: a 1854 ya ɗauki sojojin Rasha da na Turkiyya a gaɓar kogin Danube, ya baje hotunan a Paris a 1855, har ya kai wa Sarauniya Victoria da Napoleon na Uku kundi. Yawancin aikin nasa ya salwanta. Abin da ya tsayar da Fenton a littattafai shi ne hotunansa suna nan da yawa, kuma ɗan gida ne. Lauya ne ɗan masu kuɗi, yana cikin waɗanda suka kafa ƙungiyar masu ɗaukar hoto ta Landan a 1853, shi ne sakatarenta na farko, kuma da takardun gabatarwa daga Yarima Albert mijin sarauniya ya tafi fagen daga.

Rashin gumurzu da gawa a hotunansa yana da dalili biyu, ɗaya na kayan aiki, ɗaya na kasuwa. A lokacin babu fim. Faranti ne na gilashi ake shafa wa wani sinadari mai danƙo da ake kira kolodiyon, hanyar da Frederick Scott Archer ya fitar a 1851. A tsoma gilashin a ruwan azurfa cikin duhu, a ruga da shi zuwa kyamara mai ƙafa uku, a buɗe ido na daƙiƙa uku zuwa ashirin, a koma a wanke shi nan take kafin ya bushe. Duka aikin bai wuce minti goma zuwa sha biyar ba, in kuwa rana ta yi zafi, ko hakan ba a samu. Shi ya sa Fenton ya sayi keken dokin wani mai sayar da giya ya mayar da shi ɗakin wanke hoto, ya tafi da gilasai kusan 700, ya dawo da hotuna kimanin 360 tsakanin Maris da Yunin 1855. Da irin wannan kaya ba a ɗaukar mai gudu, ba a ɗaukar hayaƙin igwa, ba a ɗaukar dokin da ya zabura. Abu uku kawai ke tsayawa cak a fagen yaƙi: gini, da mutumin da aka ce masa kar ya motsa, da gawa. Ke nan kayan aikin sun hana Fenton ɗaukar gumurzu, amma ba su hana shi ɗaukar mamaci ba. Shi ya ga dama ya bari. Kamfanin Thomas Agnew na Manchester ne ya ɗauki nauyin tafiyar don ya sayar da hotunan, masu saye kuwa iyalan hafsoshi ne da manyan gari. Ba wadda za ta rataya hoton gawa a falo alhali ɗanta yana can.

Beato ya shigo wannan yaƙin ne ta ƙofar baya. A Santambul yake aiki da James Robertson, Baturen Ingila mai sassaƙa tambarin kuɗi a ma'aikatar buga kuɗi ta Daular Usmaniyya ta Turkiyya, wanda ya auri 'yar'uwar Beato a 1855. Bayan Fenton ya koma gida da ciwon kwalara, su ne suka ci gaba da ɗaukar hotunan Kirimiya, kuma su ne suka samu abin da ya wuce Fenton, wato faɗuwar Sebastopol, sansanin Rasha a Kirimiya, a Satumbar 1855: ganuwar Redan da ta Malakoff a tarwatse, igwogi a kife, buhunan ƙasa a yayyage. Sunan Robertson ne a kan yawancin waɗannan hotuna. Daga nan matsalar sunan Beato ta fara. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Inda ya tsaya da ƙafarsa shi ne Indiya. Boren da ya tashi a Meerut ranar 10 ga Mayu 1857 ya samo asali ne daga tarin ƙorafi a kan Kamfanin Gabashin Indiya na Ingila, abin da ya kunna wutar kuwa shi ne labarin cewa an shafa wa sababbin harsasai kitsen alade da na saniya, alhali soja sai ya ciji takardar harsashin da haƙori kafin ya ɗura. Musulmi da Hindu duka abin ya taɓa. Beato ya sauka Calcutta a Fabrairun 1858, ya bi sawun yaƙin zuwa Kanpur da Lucknow da Delhi. Bai ga faɗan da idonsa ba, kangon da faɗan ya bari ya tarar.

A Lucknow akwai wani lambu mai katanga da ake kira Sikandar Bagh, wanda Wajid Ali Shah, sarkin Awadh na ƙarshe, ya gina kafin Ingila ta ƙwace ƙasarsa a 1856. Ranar 16 ga Nuwamba 1857 sojojin Sir Colin Campbell suka fasa katangar, suka rutsa mayaƙan Indiya a ciki babu hanyar fita, suka kashe kimanin mutum 2,000. Wata huɗu zuwa biyar bayan haka Beato ya kafa kyamararsa a farfajiyar. Ki nemi hoton ki dube shi da kyau. A baya akwai gini mai ginshiƙai da harsasai suka fafake, a gindinsa 'yan Indiya huɗu da doki ɗaya, gabansu kuma fili ne cike da ƙoƙunan kai da haƙarƙari da ƙasusuwan cinya a warwatse. Ana lissafa shi cikin hotunan farko a tarihi da suka nuna ragowar jikin mutanen da yaƙi ya ci.

Sai dai ƙasusuwan ba haka yaƙi ya bar su ba. Sir George Campbell, wanda ya riƙe muƙamin shari'a a Lucknow a lokacin, ya rubuta a tarihin rayuwarsa cewa an riga an rufe gawarwakin, mai hoton ne ya nace sai an tone su ya ɗauka. In kin lura da yadda ƙasusuwan suka bazu daidai wa daida har gaban kyamara, kowane ƙoƙon kai a inda ido zai same shi, za ki yarda da Campbell. Kisan gaskiya ne, wurin gaskiya ne, ƙasusuwan na waɗanda aka kashe ne, amma shirin na Beato ne. Ni a ganina wannan ya fi komai muhimmanci ga mai koyon aikin jarida, domin tun ranar da gawa ta shiga hoton yaƙi, hannun mai hoto ya shiga tare da ita. Ba Beato kaɗai ba ne ma. Fenton yana da hotuna biyu na wani kwari da ya ɗauka ranar 23 ga Afrilu 1855, ɗaya hanya fayau, ɗaya an zuba dalmar igwa a kan hanyar, kuma binciken da aka yi daga baya ya nuna mai hanya fayau ne na farko.

A Sin ne aikinsa ya kai maƙura. A 1860 ya bi rundunar haɗin gwiwa ta Ingila da Faransa a Yaƙin Ofiyom na Biyu (ofiyom ƙwaya ce mai sa maye), yana tare da Janar Sir James Hope Grant. Wannan karon ba bayan wata biyar ya zo ba, da rundunar yake kwana yake tashi. Ganuwar Taku tana bakin kogin da ke kaiwa Tianjin da Beijing, kuma a 1859 sojojin Sin sun taɓa kora jiragen Ingila daga wurin da asara mai yawa, don haka Turawan sun dawo ne da fushi. Ranar 21 ga Agusta 1860 suka ci ganuwar arewa. Kafin a kwashe gawarwaki Beato ya shiga. Wani likitan rundunar, David Rennie, ya rubuta cewa ya tarar da shi cikin zumuɗi a gaban tarin gawa kusa da wata igwa, yana cewa tsarin ya yi kyau, yana roƙon kar a taɓa sai ya ɗauka. Wannan shaidar kaɗai ta isa ta gaya miki irin mutumin da muke magana a kai.

Amma ki dubi abin da ya yi da hotunan, nan ne gwanintarsa take. Bai sayar da su a warwatse ba. Ya jera su a kundi bisa tafiyar yaƙin: hanyar da aka bi zuwa ganuwar, sai ramin ruwa da tsinannun itatuwan da aka kafa don tare mahara, sai bango daga waje da tsanin da aka hau yana jingine, sai cikin ganuwar da gawarwaki a kan tudun ƙasa. Ba a wannan jerin ya ɗauke su ba, domin na ciki ya fara ɗauka tun gawa tana nan, na waje kuma ya bari sai daga baya. Wato ya fahimci cewa tun da kyamararsa ba ta iya kama gumurzu, jerin hotuna zai iya ba da labarin gumurzun. Abin da jaridu da mujallu suka riƙa yi ke nan shekaru da dama bayansa, labari cikin hotuna, kuma masana da yawa daga Taku suke fara ƙirga shi.

Ya bi rundunar har Beijing. Ya ɗauki wasu gine-ginen fadar bazara ta sarkin Sin kafin Lord Elgin, wakilin Ingila, ya ba da umarnin ƙona ta ranar 18 ga Oktoba 1860, a matsayin ramuwa kan fursunonin Ingila da Faransa da suka mutu a hannun jami'an Sin. Ya yi ƙoƙarin ɗaukar zaman sa hannu a yarjejeniyar Beijing ranar 24 ga Oktoba, haske bai isa ba, hoton bai fito ba. Hope Grant ya ba da labarin cewa Yarima Gong, ƙanin sarki, wanda ya sa hannu a madadin Sin, ya razana da aka auna shi da kyamarar, ya zaci makami ne. Bayan 'yan kwanaki ya zauna Beato ya ɗauke shi, hoton yana nan har yau.

Ki riƙe shekarun nan, domin littattafan Amurka sukan ce an fara ganin gawar soja a hoto ne a yaƙin basasarsu. Hotunan Antietam da suke nufi an ɗauke su a Satumbar 1862, shekara biyu cur bayan Taku. Can ma labarin iri ɗaya ne: Alexander Gardner ne ya ɗauka, aka baje su a New York da sunan maigidansa Mathew Brady. A aikin Gardner ɗin kuma a Gettysburg a 1863 an ja gawar wani soja zuwa bayan duwatsu, aka jingina bindiga kusa da ita don hoton ya yi armashi.

Yanzu ga abin da ba na so ki ɗauka daga wannan amsa: cewa Beato jarumin gaskiya ne da ya tona asirin yaƙi. Ɗan kasuwa ne. Masu sayen hotunansa na farko su ne hafsoshin da suka yi kisan, suna saye su kai gida a matsayin tsaraba. A Taku Turawa ma sun mutu, amma babu gawar Bature ko ɗaya a hotunansa. A Lucknow haka, a Koriya da ya je daga baya ma haka. Dokar da Fenton ya bi, ta kar a nuna wa mutanen Ingila gawar ɗansu, Beato bai karya ta ba. Abin da ya gano shi ne dokar ba ta shafi gawar ɗan Indiya ko ɗan Sin ba. Har hoton 'yan bore biyu a rataye ya ɗauka a Indiya. Mu nan wannan ɗabi'a ba baƙuwa ba ce a gare mu. Masana tarihi sun ruwaito cewa bayan yaƙin Burmi na 27 ga Yuli 1903, inda Sarkin Musulmi Attahiru na Ɗaya ya yi shahada, Turawa sun yi amfani da hoto don tabbatar wa jama'a cewa ya rasu. Kyamarar mai nasara ce, gawar kuma ta wanda aka ci da yaƙi.

Duk da haka hoton ya fi ƙarfin niyyar mai shi. Abin da aka ɗauka don alfahari, yau masana tarihi a Indiya da Sin da Koriya da shi suke kafa hujja a kan rundunar da Beato ya bi. Rahoton soja zai ce "an share abokan gaba daga wurin" a layi ɗaya, ya wuce. Hoton Sikandar Bagh, da shirinsa da komai, ba ya barin mutum ya wuce. Haka kuma wasu gine-ginen Lucknow da na fadar bazara da aka rushe ko aka ƙona, hotunansa na cikin 'yan abubuwan da suka rage masu nuna yadda suke. Saboda wannan nake ganin ya cancanci gurbi a darasinku fiye da wanda ake ba shi, ba don halinsa ba.

Sauran rayuwarsa yawo ce. Ya zauna Yokohama ta Japan daga 1863, ya bi jiragen yaƙin Turawa zuwa Shimonoseki a 1864, gobarar 1866 ta cinye shagonsa da gilasansa, ya sake farawa. A 1871 ya bi rundunar ruwan Amurka zuwa tsibirin Ganghwa na Koriya, inda aka kashe 'yan Koriya fiye da 240, Amurkawa uku, ya ɗauki gawarwakin a ganuwa da tutar janar ɗinsu da aka ƙwace. Ya yi asarar dukiyarsa a cacar farashin azurfa, ya bar Japan a 1884. A 1885 ya bi rundunar Wolseley zuwa Sudan, wadda aka tura ceto Janar Gordon na Ingila daga dakarun Mahadi, ba ta kuwa isa ba sai da Khartoum ta faɗi ranar 26 ga Janairu. Daga nan sai Bama, ƙasar da kakanninmu suka je yaƙi kusan shekara sittin bayan haka, ya buɗe shagon hoto da kayan sassaƙa a Mandalay.

Dalilan ɓacewar sunansa kuwa sun taru ne sun yi masa yawa. A Kirimiya sunan surukinsa ne a gaba. A 1861 ya kai hotunan Indiya da Sin kimanin 400 Landan ya sayar wa Henry Hering, mai shagon hoto a titin Regent, shi kuma ya sake buga su ya sa a kasuwa daga shagonsa. Jaridun lokacin ba su iya buga hoto kai tsaye, sai mai sassaƙa ya kwaikwaye shi a kan katako, ya ƙara abin da ya ga dama ya rage abin da ya ga dama, don haka mai karanta jaridar Illustrated London News zane yake gani, ba hoton Beato ba. Sannan yana da ɗan'uwa, Antonio, shi ma mai hoto ne, mazaunin Luxor a Masar, kuma akwai hotunan da aka sa wa hannu "Felice Antonio Beato". Shekaru masu yawa ana zaton mutum ɗaya ne da ke ɗaukar hoto a Masar da Japan a lokaci guda, sai a 1983 wata mai bincike, Chantal Edel, ta nuna cewa mutum biyu ne. Ko inda ya mutu ba a sani ba, ana ta cewa a Bama ne, sai a 2009 aka gano takardar mutuwarsa: Florence, 29 ga Janairu 1909. Fenton ya bar wasiƙun da ya riƙa aikowa gida daga Kirimiya, marubuta suka samu abin kamawa. Beato kusan duk abin da aka sani game da shi daga bakin wasu ne, irin su Rennie da Campbell.

Akwai kuma dalilin da ni na fi ba nauyi. Kirimiya yaƙi ne da Ingila take son tunawa, da Florence Nightingale mai jinyar sojoji da waƙoƙin jarumta. Yaƙin tilasta wa Sin buɗe kasuwarta ga ofiyom, da kisan Sikandar Bagh, da ƙona fada, ba abin da ake so a koya wa yara ba ne. Wanda ya ɗauki hoton abin da ake son mantawa, da shi ake mantawa. Su kuma masu tara hotuna sun fi son Beato na Japan, mai hotunan 'yan mata da mayaƙan samurai da aka yi wa launi da hannu, har aka wayi gari mutane da yawa ba su san ya taɓa zuwa fagen yaƙi ba. Sai a ƙarshen 2010 gidan tarihi na Getty a Los Angeles ya haɗa aikinsa daga Kirimiya har Bama a babban baje koli guda.

Game da malaminki, kar ki je masa da gardama. In tambayar ta fito a jarrabawa, ki rubuta cewa Fenton ne na farko da ya bar tarin hotunan yaƙi mai yawa da ya iso gare mu, wannan gaskiya ne kuma babu mai rage miki maki a kai. Sai ki ƙara da McCosh da Szathmari a gabansa, da Beato a bayansa. Hotunan duk sun tsufa sun zama na kowa: na Fenton 263 suna shafin intanet na ɗakin karatu na Majalisar Amurka, na Beato kuma suna shafin Getty da na gidan tarihi na Victoria da Albert. In kin buɗe na Taku, ki fara da na cikin ganuwa, ki bi gawa ɗaya da ido daga wannan hoto zuwa wancan, domin ya ɗauki kusurwa ɗaya daga wurare daban-daban, kuma nan ne za ki ga inda ya zaɓi ya kafa ƙafar kyamararsa da abin da ya bari a waje.